Rabin Maganar Yayana

Yayana baduku ne. Rumfarsa tana Kasuwar Kurmi, ita ce dai wadda mahaifinmu ya zauna a ciki har ƙarfinsa ya ƙare. Takalma yake ɗinkawa, da gafakar da ake saka Alƙur'ani, da tumtum idan an ba shi aiki. Ni kuma malamar firamare ce. Tun da mijina ya rasu na dawo gidanmu na Zaitawa, aka ba ni ɗakin da ke kusa da zaure. Saboda haka duk abin da zan faɗa a nan, ko dai a gabana aka yi shi, ko kuma daga bakin wanda aka yi wa na ji.

Wanda ya yi fim ɗin ba baƙo ba ne, kuma wannan ya fi komai ci mini rai. Ɗan wata Hajiya ne da muka yi maƙwabtaka da su, katanga ɗaya ce tsakanin gidanmu da na kakarsa. Da Allah ya buɗa wa mahaifinsa sai suka tashi daga cikin gari suka koma Nassarawa, inda kowane gida yake da get da maigadi. Ya je ƙasar waje ya yi karatu, ya dawo da kyamara. Ranar da ya fara zuwa, tun daga bakin zaure ya cire takalmi, ya durƙusa har ƙasa ya gaida Yaya. Hausarsa tana ɗan karyewa, amma ladabi kam ba a magana.

"Baba, so nake in yi ɗan gajeren fim a kan sana'arka," in ji shi. "Mutane ba su san irin aikin da ake yi a Kurmi ba. Ina so duniya ta gani."

Yaya ba mai yawan magana ba ne, amma na ga ya ji daɗi. 'Ya'yansa maza babu wanda ya ɗauki dukanci, ɗaya yana tuƙa adaidaita, ɗaya yana gyaran waya. Ba ya ganin laifinsu, sai dai abin yana damunsa. Yanzu ga wani ya zo da kansa yana so a nuna masa. Washegari da sassafe ya tafi wurin majema ya zaɓo fatu masu kyau, irin waɗanda ba ya saya sai an ba shi aiki na musamman.

Ɗan Hajiya ya yi ta zuwa rumfa har damina ta kusa ƙarewa. Yaya ya nuna masa yadda ake rina fata ta yi ja da karan dafi, da yadda ake kankare ta har ta yi laushi, da yadda ake yankan ƙasan takalmi ba tare da an ɓata ko'ina ba. Ya ɗinka gafaka guda tun daga farko har ƙarshe a gaban kyamara, yana yi yana bayani, shi da a gida sai ka yi da gaske za ka ji muryarsa. Da yamma idan ya dawo sai ya zauna yana ba mu labari: yau sun ɗauki kaza, gobe za su ɗauki kaza. Matarsa tana yi masa tsiya, wai ya zama ɗan fim da furfurarsa.

Akwai ƙananan abubuwa da na lura da su a lokacin. Wata rana Yaya ya sa riga wankakkiya, sai ɗan Hajiya ya ce, "Baba, ta jiya ta fi kyau a hoto." Ta jiyan ita ce rigar aiki, duk rini ya ɓata ta, ga ɗinki a kafaɗa. Yaya ya yi dariya ya ce ai gaskiya ne, ba a aiki da rigar Juma'a. Wata rana kuma ya nemi ya shigo cikin gida, don a ga inda mai sana'ar yake zaune. Yaya ya ce ai gidanku ne, a tsakar gidan nan uwarka ta yi wasan ƙasa. A makon ne gas ya ƙare mana, matar Yaya tana girki da itacen da ruwa ya taɓa, hayaƙi ya cika mata ido. Na hango shi ya juya kyamara wajenta, sannan wajen tsagar da ke jikin bangon ɗakina, sannan wajen kwatar ƙofar gida.

Na ce, "Me kake ɗauka a nan?"

Ya ce, "Gwaggo, haske nake gwadawa."

Ban san aikin kyamara ba, sai na ƙyale shi. Ranar har tuwo ya ci a gidan, ya ce ya daɗe bai sha miyar kuka irin wannan ba.

Ranar da ya yi wa Yaya tambayoyi ina wurin, na biyo ta kasuwa daga makaranta. Ya tambaye shi, bayan duk shekarun nan, me sana'ar ta bar masa. Yaya yana cikin ɗinki. Ya ce, "Sana'ar nan ba ta bar mini komai ba," sai ya tsaya ya ciji zare ya tsinke shi, sannan ya ƙarasa, "wanda zan ji kunyarsa. Da ita na yi aure, da ita na aurar da 'ya'yana mata, da ita na yi wa iyayena sutura. Ban taɓa kwana da haƙƙin wani a cikina ba." Na tuna maganar sarai, don a ranar na ji ƙwalla ta zo mini, na ɗauke kai don kada maƙwabtan rumfa su gani.

Bayan wasu watanni aka aiko a ce za a nuna fim ɗin a wani otal a Nassarawa, ana gayyatarmu. Yaya ya sa babbar rigarsa ta shadda, ya ɗinka wa kansa sabon takalmi saboda ranar. Matarsa ta ce ita ba ta zuwa wurin taro, sai muka tafi ni da shi, ɗansa ya kai mu a adaidaita. A ƙofar ɗakin taron wata yarinya mai sanye da bajo ta tare mu tana tambayar ko su waye mu. Da aka gaya mata, ta dubi Yaya sama da ƙasa, ta ce, "Au, kai ne? Wallahi ban gane ka ba." Daga baya na fahimci dalili. Ita ta riga ta ga fim ɗin, kuma mutumin da ta gani a ciki ba ya da babbar riga.

Aka zaunar da mu a sahun gaba. Ɗakin ya yi sanyi ƙwarai, ga ƙamshin turaruka, ga ma'aikata suna zagayawa da lemo. Akwai Turawa kaɗan, sauran duk mutanenmu ne, amma Turanci ake ta yi. Aka kashe fitilu.

Abin da ya fara fitowa a allon shi ne kwatar ƙofar gidanmu, an kusanto da ita har ana ganin ledar da ta maƙale a ciki. Wani kiɗa yana tashi a hankali, irin wanda ke sa mutum ya ji kamar an yi rasuwa. Sai tsagar bangon ɗakina. Sai matar Yaya a durƙushe tana hura wuta, ɗankwalinta ya zame, hawaye yana zubo mata. Babu wanda zai ce hayaƙi ne. Matar da ko zaure ba ta leƙawa sai da mayafi, ga ta nan fuskarta ta cika bango, mutanen da ba ta sani ba suna kallo suna kurɓar lemo. Sai ga Yaya a rigar aiki, yana ƙoƙarin zura zare a basilla, ya kuskure, ya sake, ya kuskure. An bar wannan wurin ya yi tsawo kamar ba zai ƙare ba. Rinin fata, da yankan takalmi, da gafakar da ya ɗinka, duk sun wuce kamar walƙiya, ko bayaninsa ba a sa ba, kiɗa aka ɗora a kai.

Can wajen ƙarshe aka nuna fuskarsa. Ya ce, "Sana'ar nan ba ta bar mini komai ba." An rubuta fassarar da Turanci a ƙasa. Ya sunkuya zai ciji zare, sai allon ya yi baƙi.

Aka yi ta tafi. Wata Hajiya a bayanmu tana share ido da hankici. Na juya na dubi Yaya. Yana zaune yadda yake zama a masallaci, hannayensa a kan gwiwa, idonsa a kan allon da babu komai a kansa.

Aka kunna fitilu, ɗan Hajiya ya hau dandamali ya yi jawabi da Turanci a kan yadda aka manta da talakawa. Wani Alhaji ya karɓi abin magana ya ce fim ɗin ya taɓa masa zuciya, zai aika wa bawan Allahn nan kayan abinci. Aka sake tafi, aka kira Yaya ya hau a ɗauki hoto.

Na riƙe masa hannun riga. Na ce, "Yaya, kada ka je. Tashi mu tafi. Ko kuma ka hau ka gaya musu yadda ka faɗi maganar."

Ya ce, "Sake ni. Uwar yaron tana wurin nan. Ba zan tozarta mata ɗa a gaban mutane ba."

Ya hau. Ya gaisa da Alhajin da hannu biyu. Ya tsaya a tsakiyarsu aka yi ta ɗaukar hoto. Da aka miƙa masa abin magana, sai ya ce ya gode, Allah ya saka wa kowa da alheri, ya sauko. Har muka iso gida haushinsa nake ji kusan kamar yadda nake jin haushinsu.

Kafin mako ya zagayo fim ɗin ya shiga wayoyi. Matan unguwa suka gani. Surukan 'yar Yaya da ke Mandawari suka gani, uwar mijinta ta kira ta ta ce me ya sa ba ta taɓa faɗa ba cewa gidansu ko abinci babu. Matar Yaya ta daina zuwa biki, ta daina zuwa Islamiyyar da take zuwa da rana. Ta ce duk wadda ta dube ta sai ta ga kamar ɗankwalin nan da ya zame take tunawa. A makarantarmu wata abokiyar aikina ta jawo ni gefe ta ce idan akwai abin da nake bukata kada in ji nauyinta.

Kayan Alhajin suka iso, buhunan shinkafa da jarkar mai, tare da wani saurayi da ke ɗaukar saukewar a waya. Yaya yana kasuwa. Na fita na ce a mayar. Matar Yaya ta leƙo daga bayan labule ta kira ni ciki.

Ta ce, "Malama, ke kina da albashi. Ni ce nake sanin abin da ke cikin tukunya. An riga an nuna ni ga duniya, yanzu kuma in mayar da shinkafar? Me zan tsira da shi ke nan?"

Aka shigo da kayan. Ba zan ɓoye ba, mun ci, har da ni. A lokacin abubuwa sun yi tsada, kuma gidan yana da baki da yawa. Yaya bai yi faɗa ba, bai ce a mayar ba. Amma tun daga ranar har shinkafar ta ƙare, idan aka kai masa kwano sai ya ce ya ci a kasuwa. Maƙwabcin rumfarsa ne ya gaya mini cewa ƙosai da biredi yake saya, wani lokaci gyaɗa kawai.

Abin da ya fi karya shi a rumfa ya faru. Akwai wani dattijo, tsohon ma'aikacin kotu, da ya daɗe yana sayen takalmi a wurinsa. Cinikinsu abin kallo ne. Dattijon zai ɗauki takalmi ya juya shi ya kushe, Yaya ya ce a ajiye masa kayansa, a yi ta ja-in-ja ana shan shayi, a ƙarshe a daidaita kowa yana ganin shi ya ci riba. Bayan fim ɗin dattijon ya zo. Bai juya takalmin ba, bai kushe ba, bai tambayi kuɗi ba. Ya ɗauka, ya tura abin da ya fi ƙimarsa nesa ba kusa ba a ƙarƙashin wata fata, ya dafa kafaɗar Yaya ya ce, "Ashe haka kake ciki ba ka taɓa faɗa mini ba?"

Ranar Yaya ya dawo gida tun kafin la'asar, abin da bai taɓa yi ba sai idan an yi rasuwa. Ya zauna a zaure ya ba ni labarin. Ya ce, "Ko duba ɗinkin bai yi ba."

Washegari na nemi izini a makaranta na tafi Nassarawa. Maigadi ya tsayar da ni a rana sai da aka yi waya ciki. Hajiya ta karɓe ni da fara'a, ta sa aka kawo ruwa da lemo, muka gaisa, ta tambayi mutanen unguwa ɗaya bayan ɗaya. Aka kira ɗan nata. Ya zo ya durƙusa ya gaishe ni kamar kullum.

Na ce, "Ina sauran maganar Yaya?"

Ya ce, "Wace magana, Gwaggo?"

"Ina tsaye a wurin. Ka san abin da ya ce bayan ya ciji zaren."

Sai ya fara yi mini bayani a hankali, yadda nake yi wa 'yan aji ɗaya. Wai gajeren fim ba ya ɗaukar komai da komai, dole a zaɓa. Wai idan aka bar maganar duka, masu kallo za su ce ashe babu matsala, su tashi su tafi. Shi kuwa so yake a ji zafi, don a taimaka.

Na ce, "Wa ya ce maka taimako yake nema? Cewa ka yi za ka nuna sana'arsa."

Ya ce, "Amma Gwaggo, akwai ƙarya a ciki? Bangon nan ni na tsaga shi? Kwatar nan ni na haƙa ta?"

Gaskiyarsa ce, bangon a tsage yake, har yau ma a tsage yake. Mu talakawa ne, ban taɓa cewa ba haka ba ne. Amma a gidan nan akwai ɗakin Yaya da littattafan mahaifinmu jere a cikin gafakokinsu, akwai tukwanen matar Yaya da ake ganin fuska a jikinsu, akwai jikoki da ke dawowa daga makaranta da yamma. Duk ya gani, a tsakiyarsu ya zauna ya ci tuwo. Ya tsallake su ya tafi wurin kwata, saboda ya san abin da mutanen ɗakin sanyin nan suke so su gani game da mu. Na gaya masa haka. Na ce masa ya shigo a matsayin ɗa, da baƙo ne ko zaure ba zai wuce ba, kuma bai tambayi matar Yaya ko ta yarda a nuna fuskarta ba.

Hajiya ta sa baki ta ce a yi haƙuri, yaro ne, niyyarsa mai kyau ce, ai ga shi har an fara samun alheri. Da na tashi tafiya ta shiga ɗaki ta fito da leda, atamfa ce a ciki da sabulai. Ta ce in riƙe, ba yawa. Na ce na gode, na ajiye mata a kan kujera na fito. Sai da na yi tafiya mai nisa a ƙasa kafin na tuna da in tsayar da abin hawa.

Bayan wani lokaci muka ji fim ɗin ya ci kyauta a wata gasa a ƙasar waje. Da ɗan Hajiya ya dawo, ya zo gidanmu. Ina jin maganar da na yi masa ta ɗan taɓa shi, don a zaure ya daɗe yana kame-kame. Ya ce idan an ɓata wa Baba rai a yafe masa. Ya ce yana tunanin yin wani fim mai tsawo, wanda za a sa aikin fatar sosai, da dukkan bayanin.

Yaya ya ce, "A'a, wancan ya isa. Abu ɗaya nake roƙo. Ka cire maiɗakina daga ciki."

Ya ce, "Baba, ko na cire a nawa, ya riga ya bazu. Yana wayar kowa."

Yaya ya gyaɗa kai. Ya ce, "To, shi ke nan. Ka gaida Hajiya."

Da ya tafi na ce wa Yaya shi ke nan abin da zai ce masa? Ya ce me ya rage a faɗa. Ya ce yaron bai san abin da ya yi ba, kuma ba zai sani ba, don bai taɓa zama a inda za a yi masa haka ba. Na ce rashin sani ba ya wanke mutum. Ya ce ai bai ce ya wanke shi ba.

Har yanzu mutane suna zuwa layin dukawa suna tambayar rumfar tsohon nan na cikin fim. Wasu su saya, wasu su tsaya daga nesa su ɗaga waya. Matar Yaya ta koma Islamiyya, amma wata ta daban, a wata unguwa. Ni kuma idan na ga an turo mini irin waɗannan fina-finan, na tsohuwa mai tuyar waina ko na makaho mai saƙa, ba na buɗewa, don tambayar da ke zuwa mini ita ce me suka faɗa bayan an yanke.

Kwanakin baya na biya ta rumfar daga makaranta. Tun zamanin mahaifinmu a bakin rumfa ake zama, ana fuskantar hanya, saboda nan haske yake, nan ake gaisawa da masu wucewa. Na tarar Yaya ya ja buzunsa can ciki, ya juya wa hanya baya, ya rataya ƙaramar fitila mai caji a ƙusa yana ɗinki a ƙarƙashinta da rana tsaka. Na ce zai ƙarasa kashe idonsa. Ya ce nan ya fi masa, ba a katse masa aiki. Ya matsa mini na zauna, ya aika a kawo mini shayi.